Mutuwar Ɗan Rumbu ta Farko

Da sunan Allah nake buɗe baki. Ni ban yi boko ba, a allo ma ban wuce gajerun surori ba, saboda haka faɗi nake yi, ɗiyar ƙanwata tana rubutawa. Na ce mata in kuka ya zo mini ta aje alƙalami ta jira ni. Mutuwar mijina ta farko da idona na gan ta, ina yarinyar da ba ta iya surfe ba. Ta biyu kuwa labarinta aka kawo mini bara, bayan an yanke gero. Sunansa ba zai fito daga bakina ba, bai taɓa fitowa ba, amma daga Kaura har Shinkafi in ka ce Ɗan Rumbu, tsofaffi sun san wanda kake nufi. Na yi takaba na fita, na karɓi gaisuwa, na ce da godiya. Abu ɗaya ne ya tsaya mini a ƙirji ya ƙi wucewa. A daji ya cika, kuma ba wanda ya tsaya a kansa ya yi masa salla.

A ƙauyenmu na ƙasar Zurmi, lokacin da muke yara, da kunne ake sanin lokaci. Turmin gidan maƙera ne ke fara magana da sassafe, sai na gidanmu ya amsa, har gari ya ɗauka. Da hantsi ƙarar guga a bakin rijiya, da azahar shiru sai kurciya, da la'asar kukan shanu suna gangarowa mashaya, masu su suna ɗaga mana sanda muna ɗaga musu hannu. Aikina ɗiban ruwa, tsinkar rama, da cire wa kakata gurya in za ta yi kaɗi. Kakar nan tawa ita ce idon gidanmu a waje, don iyayenmu mata ba su fita, ita kuwa tsufa ya buɗe mata ƙofa. Ba suna, ba biki, ba mutuwa da za a yi a dangi ba ta je ba, ni ina bayanta da ƙwarya a ka. Takan ce zumunci a ƙafa yake, wanda ya aika gaisuwa da baki ya aika rabinta ne. Rannan sai muka ji wata ƙara da kunnenmu bai san ta ba. Mota ce mai lasifika a ka, ta tsaya ƙofar gidan mai gari. Mai shela ya zaga yana cewa bayan magariba kowa ya fito, za a nuna majigi.

Yanzu nakan zauna a tsakar gidan 'yata a nan Kaura in ga mutum biyar a tabarma ɗaya, kowa da wayarsa, wannan na dariya, wannan na tsaki, ba wanda ya san abin da na kusa da shi yake kallo. Ba na jin haushinsu, mamaki nake yi, kuma da zan sami mai haƙurin bayani da na so in san yadda ake cusa mutum da dokinsa cikin abin da bai fi tafin hannu ba. Mu namu farin ƙyalle ne guda ɗaya tsakanin sanduna biyu, gari duka a gabansa, har da jakin da aka manta ba a ɗaure ba. Hoton ba ya magana. Wani mutum mai babbar murya ne ke tsaye a gefe yana ba da bayani, inji na kuka a bayansa, ƙwari na shawagi cikin hasken. Na sulale na zaga bayan ƙyallen don in ga inda mutanen suke ɓoye. Na iske su a can ma, sai dai masu ci da dama sun koma ci da hagu. Na dawo na faɗa wa kakata, ta ce in rufe mata baki.

Labarin yara biyu ne a lokacin agana. Masu lamba sun zo gari, wato masu ɗan tsaga damtse su sa maganin rigakafi. Uban yaro na farko ya kama hannun ɗansa ya kai shi. Uban na biyu ya ɗaga nasa ya jefa cikin rumbu ya rufe. Nan wuri ya ɗauki dariya, don rabin mazan da ke zaune sun taɓa yin haka, ni kaina an taɓa kifa mini masaki. Sai ga yaron ya leƙo ta bakin rumbu, ƙaiƙayi a kansa, idanu manya, yana duba hagu da dama. Ban taɓa ganin fuska mai girman ɗaki ba. Can gaba aka nuna shi kwance, ƙuraje sun rufe shi, ana yi masa fifita. Ya ɗaga hannu, hannun ya faɗi. Aka ja likkafani aka rufe fuskar, aka fito da makara, maza suka yi sahu, liman a gaba, suka ɗaga hannu. Mai bayani kuma, don maganarsa ta shiga jikin mutane, ya ce wannan ba tatsuniya ba ce, ga gari nan, Banga ce, ga yaro nan, ya kira sunansa da na ubansa. Kakata ta dafa kafaɗata ta miƙe. Ta ce, "Jikan yayata ne. Sun binne shi ba su aiko ba."

Wani malamin makaranta ya biyo ta yana cewa wasa ne. Ta ce, "Wasa da likkafani? Gani ya kori ji, Malam. Ni na ga liman." Washegari ta ɗaure gero da daddawa ta ɗora mini, muka kama hanya a ƙafa. Mun kwana a gidan wasu mutane da ba mu sani ba, suka ba mu tuwo da tabarma, ba su tambayi ko mu su wa ne ba sai da gari ya waye. Wannan hanyar yau ko mai mota ba ya bin ta in la'asar ta yi. Ina tafe ina kuka a ɓoye saboda yaron da ban taɓa gani ba sai a ƙyalle, ina auna duhun rumbu da duhun kabari wanne ya fi.

Muka isa Banga da hantsi. A ƙofar gidan wani yaro ne zaune bisa kututture yana shan takanɗa. Kakata ta tsaya, ta kare ido da hannu, ta daɗe tana kallonsa.

Ta ce, "Kai, ɗan nan, ba kai ne ka mutu ba?"

Ya tofar da ɓawo ya ce, "Ni ne, Kaka. Sau huɗu ma. Baturen majigi ya ce ukun farko ba su yi kyau ba."

"To ƙurajen fa?"

"Tsakin dawa ne aka liƙa da ƙaro. Saura kaɗan kaji su cinye ni."

Ashe ba mu ne na farko ba. Duk garin da motar ta kwana sai dangi sun taso. Uwarsa ta gaji da bayani har ta bar tabarmar karɓar gaisuwa a shimfiɗe, don ba a mayar da wanda ya tako ƙafa ya zo ta'aziyya. Kakata ta shiga ta zauna, ta ce da uwar ya haƙuri, yaron na tsaye a bakin ƙofa yana ji. Uwar ta ce da godiya. Suka shafa fatiha. Sannan kakata ta jawo shi ta murɗe masa kunne, ta ce wannan na tafiyar kwana biyu ne. Muka yi mako guda a gidan. Geron da muka kawo na sadakarsa, shi ya fi kowa shan furarsa. Da na isa aure ya zo ƙauyenmu a kan keken aro, ya durƙusa gaban kakata ya ce mamacinta ne ya zo neman iri. Aka tambaye ni, na rufe fuska, suka gane.

A zaman aure na riƙa tatsar labarin daga bakinsa, don ni mai tambaya ce, har yakan ce da an sa ni boko da ba mai shari'ar da zai huta. Ya ce a tashar jirgin Kaura masu majigi suka gan shi, lokacin da buhunan gyaɗa ke tare wa mutum ganin gari, jirgi kuma in ya yi kuka har Banga ake ji. Ya rako ubansa, yana kwaikwayon tafiyar wani ɗan dako mai ɗingishi, mutane na dariya, har shi ɗan dakon. Tafintan Baturen ya ce da uban a ba su aron yaron. Uban ya zaci aike za su riƙa yi da shi, ya ce ku tafi da shi, ba ya jin magana dai. Bayan majigin agana ya fito a wasu biyu, ɗaya na shuka gyaɗa a layi inda yake riƙe da igiya, ɗaya na tace ruwan tafki saboda kurkunu. Amma ba su karɓu ba. Duk inda aka nuna su, da ya fito sai mutane su ɗauki salati, ga yaron nan da ya mutu, ga yaron nan da ya mutu, ba mai sauraren zancen gyaɗa. Sai masu majigi suka ce fuskarsa ta riga ta mutu, ba ta da sauran aiki a wurinsu. Suka ba shi hula da takalmin roba suka sallame shi, muryarsa ko fashewa ba ta yi ba. Na tambaye shi ko ya taɓa ganin kansa a ƙyallen. Ya ce sau ɗaya, kuma da aka zo wurin makara ubansa ya sa hannu ya rufe masa ido.

Ya yi dako a tasha har jirgi ya fara nisa da zuwa. Ya koyi ɗinki, ya zauna bakin kasuwa shekaru, daga ƙarshe muka koma ƙauyenmu ya kama gonar da na gada. Da fim ɗin kaset ya shigo, wasu samarin Kaura suka ji labarinsa, suka zo har gida suka ce ya fito musu a uban yarinya. Tun saura kwana biyu ya sa na wanke babbar rigarsa, ya kai aka buga. Ya tafi da safe yana tafiyar sarauta, ya dawo da yamma ya tuɓe rigar ya zauna. Na ce, "Malam, ya aka yi?" Ya ce, "Sun ce in yi magana. Mu a namu ba a magana, da ido ake yi. Na buɗe baki sai na ji muryar wani tsoho." Bai koma ba. Amma wasan bai bar jikinsa ba. Yakan kwaikwayi yadda kowane mutum a garin ke hawan jaki, kuma kafin ya gama an san wa yake nufi. Duk ranar da aka dawo daga jana'iza kuma, in ya zauna yana wanke ƙafa, sai ya ce, "Ni dai na hutar da ku, an riga an sallace ni. Ranar tawa ɗauka kawai za ku yi." In ce ya daina, ba kyau. Ya yi dariya ya miƙo mini buta.

Bara da damina ya tafi gona da safe shi da wasu, mutanen daji masu bindiga suka kora su gaba ɗaya. Tsoho ne mai hawan jini, maganinsa kuwa yana aljihun rigar da ya bari a rataye. Sai bayan kaka wani mutumin Badarawa da aka tsare su tare ya kuɓuta, ya yi ta tambaya har ya same mu. Ya ce mijina kwana uku kawai ya yi ya cika. Sun roƙa a bar su su yi masa sutura, aka ce su tashi a ci gaba da tafiya. Sun karyo rassa sun rufa masa. Ya ce ko yau aka ce ya nuna wurin ba zai gane ba, daji duk kama ɗaya ne ga wanda ake kora. Limamin ƙauyenmu ya ce a karatun da ya yi ba a sallar gawa sai da gawa a gaba. Wasu samari suka ce ana yi. Kafin su gama musu ƙauyen ya watse, kowa ya kama inda yake da dangi. Aka yi addu'a, aka yi sadaka, na zo Kaura. Sai na sami kaina ina riƙe da maganar nan tasa ta wasa kamar mai riƙe da igiyar guga. An riga an sallace ni. Ai na ga sahun da idona. Amma shin liman da gaske ya yi, ko hannu kawai ya ɗaga wa Bature? Shekara hamsin ina tambayarsa komai, wannan ce ban taɓa tambaya ba.

Mutum ɗaya ya rage cikin waɗanda suka tsaya a wurin, shi ne yaron farko na majigin, wanda ubansa ya kai aka yi masa lamba. Yana nan Kaura bayan kasuwar hatsi, ana ce masa Alhaji Mai Lamba. Ido ya tafi, baki yana nan. Zuwa da kai ya fi aike, na hau keke napep na je. Na iske shi a zaure, na yi sallama.

Ya ce, "Muryar wa nake ji kamar ta matar mamaci?" Tun ina amarya haka yake kirana. Sai ya tuna. Ya ce, "Allah ya jiƙansa. Bakina ya riga hankalina, Hajiya."

Na ce, "Ba komai, Alhaji, yanzu sunan ya zauna. Tambaya na zo da ita. Sallar nan ta majigi, da gaske aka yi masa?"

Ya daɗe yana jan carbi. Ya ce, "Shi mi ya ce miki?"

"Ya ce an sallace shi."

"Ɗan banza," ya ce, yana dariya, hawaye na bin gemunsa. "Ai ba shi ne cikin likkafanin ba. Liman ya ƙi. Ya ce ba ya sallar mai rai ko Gwamna ne ya aiko. Aka warware shi aka naɗe damin kara. Shi yana can ƙarshen sahu kusa da ni, inda idon abin ɗaukar hoton bai kai ba. Tsakin dawa ma bai gama fita daga fuskarsa ba."

Na ji igiyar ta tsinke, guga ya tafi ƙasan rijiya. Na ce to me ya sa ya ƙare rayuwarsa yana faɗin haka.

"In ya ce kara ne wa zai ƙara kallonsa? Ni da na rayu cikin majigin nan, aka nuna ni na yi ƙiba ina wasa da ɗan akuya, wa ya san ni? Ba tsohuwar da ta taɓa takowa daga Zurmi don ta gan ni."

Na fara laluben takalmina. Ya ji motsina, ya ce in zauna, bai gama ba. Ya ce rigimar ba ta ƙare a nan ba, don da aka aje damin sai liman ya ce kabbara ma ba abin wasa ba ce, ba zai tsaya gaban Allah ya yi wa karan dawa ba. Bature na duban rana yana cewa haske zai tafi, tafinta na roƙo, mai gari na gyaran murya. Liman ya sunkuyar da kai har mutane suka fara neman wurin zama. Sannan ya juyo, kamar yadda liman ke juyowa ya faɗa wa sahu ko gawar mace ce ko ta namiji.

"Har yau ina jin muryarsa. Ya ce, jama'a, wanga kara ne, kun gani da idonku. Amma ku ɗaura niyya ga wani musulmi, namiji, wanda ya faɗi inda ba kowa, bai sami mai tsayawa a kansa ba. Mu ba mu san shi ba, Allah ya san shi. Sai ya ta da kabbara. Da gaske aka yi ta, Hajiya, har da masu sharar hawaye. Da aka sallame, mijinki ya taɓo ni da gwiwar hannu ya ce, wane ne mutumin? Na ce oho."

Na ce, "Shi ma ya bi sallar?"

"Da alwalarsa. Ni na zuba masa ruwa."

Ban san abin da malamai za su ce a kan wannan ba. Na san bayan mutuwa salla take zuwa, ba ta riga ta, kuma ba ni da ilimin da zan ce waccan ta isar masa. Amma a cikin keke napep, ina dawowa, na yi ta juya abin a raina. A zamanin da baƙo ke kwana gidan da bai sani ba, a ina wannan liman ya samo tunanin mutumin da zai faɗi ba kowa a kusa? Da wa ya tuna? Ko wani ɗan'uwansa ne da ya tafi fatauci bai dawo ba? Limamin ma da yana raye da na je na tambaye shi. Na kuma tuna cewa ba nawa ne kaɗai ke kwance ƙarƙashin rassa a dazukan nan ba, kuma ban ji ana juyowa a ce da sahu a ɗaura musu niyya ba.

Ranar da muka baro ƙauye, abin da na ɗauro a ƙugu ƙarƙashin zanena shi ne likkafaninsa, wanda ya saya ya yanka da almakashinsa tun yana da ƙarfi, kamar yadda tsofaffinmu ke yi. Na kasa ba kowa, na kasa ko buɗe shi, kamar zai dawo ya ce ina kayansa. Juma'ar da ta biyo bayan zuwana wurin Alhaji na ɗauka na kai wa mai wankan gawa na unguwarmu. Ya warware ya shafa, ya ce yadi ne mai kyau, wa za a sa wa. Na ce ya aje, duk ranar da aka kawo wani daga hanya wanda ba a san danginsa ba. Ya ce irin waɗannan ba a daɗewa ba a kawo su ba. Bayan kwana tara ya aiko matarsa ta faɗa mini an yi amfani da shi, kuma sahu uku aka yi. Na tambaye ta ko tsawon ya isa. Ta ce ya isa.